Ƙauyen da takarda ba ta san sunansa ba

Idan aka tambayi mutumin ƙauyenmu a Legas daga ina yake, sai ya ce Kano. Idan a Kano aka tambaye shi, ya ce Ringim. In ya iso Ringim aka sake tambaya, ya ambaci garin dagacinmu. Sai ya shiga kasuwar garin dagacin, wani dattijo ya dube shi ya ce, "Samari, ɗan gidan wa ne?" sannan ainihin sunan wurin da aka yanke masa cibiya yake fitowa daga bakinsa. Ba kunyar asalinsa yake ji ba. Ya san dai iya nisan da sunan yake iya zuwa, domin da an wuce kasuwa biyu ko uku ba wanda ya taɓa jin sa.

Gidaje ne da ba su kai hamsin ba, a kan wani tudun yashi arewa da kogi. Mai yi maka kwatance zai ce ka bar kwalta daidai inda masu rake suke zama, ka tsallaka layin dogo, ka bi burtali har ka ga kukoki biyu da suka jingina da juna, to rumbunan da za ka hango ta hannun dama su ne namu. Da rani mota tana shiga in direba ya san yashi. Da damina sai babur, wani lokacin ma sai ƙafa. Akwai masallaci, akwai rijiyoyi biyu, ta gabas ta daɗe da ƙafewa, akwai maƙabarta a bayan gonar liman. Irin wannan wuri dubbai ne a ƙasar Kano da Jigawa, kuma mutane sun saba ɗaukar su kamar ciyawar da ta tsiro da kanta. Ni kuwa na daɗe da yarda cewa ruwa ba ya tsami banza. Duk inda ka ga an kafa ƙauye, akwai abin da ya kai mutane wurin, ko ruwa, ko tsoro, ko haraji, ko hanya, kuma wanda ya iya karanta inda ƙauye yake zaune ya riga ya karanta rabin tarihinsa.

A wajen hukuma, wurin nan ba shi da kan kansa. Tsarin mulkin 1999 ya jera jihohi, ya jera ƙananan hukumomi da sunayensu, 774 in an haɗa da na Abuja, 44 a Kano, 27 a Jigawa. A ƙarƙashinsu akwai mazaɓu, 484 a Kano, 287 a Jigawa, kowace da kansilanta. Daga nan tsanin ya ƙare. Ƙauye ba shi da majalisa, ba shi da asusu, ba shi da iyakar da aka zana aka sa mata hannu. Abin da yake riƙe da shi tsohon tsani ne na sarauta: sarki, hakimi, dagaci, mai unguwa, wanda a wajen Haɗejiya da Gumel za ka ji ana ce masa bulama, a rugar Fulani kuma arɗo. Mai unguwa ya san kowane gida, ya san baƙon da ya sauka jiya da dare, ya san inda iyakar gonar wane ta tsaya da wadda aka jinginar da wadda aka sayar. Amma tun ƙarshen shekarun 1960 aka karɓe 'yan doka da kotuna da gidajen yari daga hannun En'e, gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya ƙarasa sauran, kuma tsarin mulkin da muke kai yanzu bai ba sarakuna wani aiki ba. Sai ya zama wanda ya san ƙauyen ba shi da iko, mai ikon kuma bai san ƙauyen ba.

Kakata ta wajen uba, wadda muke kira Iya, an haife ta a Lardin Kano zamanin Turawa. Ta wayi gari a Jihar Kano ranar 27 ga Mayu 1967, ta sake wayar gari a Jihar Jigawa ranar 27 ga Agusta 1991, daga baya kuma aka ce mata sarkinta yanzu a Ringim yake. Ba ta matsa ko taku ɗaya daga ɗakinta ba. Har ta koma ga Allah, in aka tambaye ta cewa take yi ita mutuniyar ƙasar Kano ce.

Ruwa shi ne farkon magana. Kalmar jigawa da aka sa wa jiha guda, tudun yashi take nufi, kuma wanda ya bi ƙasar da ke tsakanin Ringim da Haɗejiya zai ga yadda tudu da kwari suke bin juna kamar kunyar noma. Mai neman wurin zama a irin wannan ƙasa lissafi yake yi mai tsauri. Yana son fadama kusa, saboda shinkafa da rake da lambun rani da ciyawar dabbobi, amma ba ya son kwana a cikinta, saboda ambaliya da sauro da laka mai riƙe ƙafa. Sai ya hau tudu mafi kusa, ya sa gero da wake da gyaɗa a yashi, dawa a gangare inda ƙasa ta ɗan yi nauyi, ya bar fadama a ƙasa da shi, tafiyar da mace za ta iya yi da tulu ta dawo kafin rana ta take. Kafin ya kafa ko bukka, sai ya duba itatuwa. Inda giginya da goruba suka yi yawa, ruwa bai yi nisa ba. Inda gawo ya tsaya, gero zai yi kyau a gindinsa, domin shi da damina yake zubar da ganye, ba ya tare wa shuka rana. Daga nan ya je wurin dagacin da dajin yake ƙasarsa ya ce, "Ranka ya daɗe, ina neman inda zan sara." Ranar da rijiya ta ba da ruwa, ranar ce wurin ya zama gari. Kafin nan zango ne kawai.

Shi ya sa sunayen wurare suke da daraja a idona fiye da yadda ake ba su. Rijiyar Zaki da Rijiyar Lemo yanzu birnin Kano ya haɗiye su, amma sunan yana nan yana faɗin abin da ya fara tara mutane a wurin. Rimin Gado itace ne ya zama ƙaramar hukuma. Malam Madori da Sule Tankarkar sunayen mutane ne. Duk inda ka ji Gidan Wane ko Unguwar Wane, mutum ɗaya ne ya fara da iyalinsa. Ruga ta makiyaya ce da suka zauna, zango masaukin fatake ne, tasha ta jirgi ce, kwana kuma ta zamanin mota ce, kamar Kwanar Ɗangora a hanyar Zariya. Kafi da garu, irin na Kafin Hausa da Garun Malam, labarin tsoro suke bayarwa.

Tsoron nan shi ne abin da 'yan yau suka fi mantawa, ko da yake abin da ke faruwa a wasu sassan Arewa ya isa ya tuna mana. A ƙarni na 19 mutum ba ya kwana a gonarsa haka kawai. Ningawa suna kawo hari ta kudu, Damagaram ta arewa, Buharin Haɗejiya ya girgiza gabashin ƙasar Kano a tsakiyar ƙarnin, sannan basasar da aka yi tsakanin Sarki Tukur da Yusufawa daga 1893 zuwa 1895 ta raba garuruwa gida biyu, har Takai ta zama sansanin Yusufu. Sarakuna sun kafa ribaɗi, wato garuruwan tsaro, a bakin iyaka da kewayen birni, kamar Fanisau ta zamanin Ibrahim Dabo. Talaka kuwa abin da ya rage masa shi ne ya kwana a bayan ganuwa ko kafin itace, ya noma abin da ke kusa, ya bar daji mai nisa ko da ƙasarsa ta fi kyau. A kewayen birnin Kano, inda ikon sarki yake da ƙarfi, gidaje sun daɗe a warwatse cikin gonaki, jakuna suna kai itace birni suna dawowa da taki. Amma can nesa, warwatsuwa sai bayan da Turawa suka ci Kano a Fabrairun 1903, suka ci Haɗejiya a 1906, hare-hare suka lafa. A lokacin ne bukkar gona, wadda mutum yake fakewa in hadari ya taso, ta fara zama gida. Ɗan da ya gaji da zama a gandun ubansa ya ɗauki matarsa da gatarinsa ya fita. Ƙane ya biyo shi baɗi. Maƙeri ya ga akwai masu gyaran fartanya ya zo ya kafa zuga-zugi. Malami ya zo da almajirai goma, aka ba shi gona. Da yawan ƙananan ƙauyukanmu haka suka samu, kuma shekarunsu ba su wuce ɗari da 'yan kai ba, ko da tsohon garin da suka fito daga cikinsa ya ninka haka sau da yawa.

Akwai wata hanyar kafuwa da ba a son faɗa a zaure. Ƙasar Kano tana da rinji da gandayen sarauta inda bayi suke noma. Dokar Turawa ta ce duk ɗan da aka haifa daga Afrilun 1901 ɗa ne, an rufe kasuwannin bayi, wasu sun fanshi kansu da murgu, kuɗin da bawa yake biyan ubangijinsa, wasu sun tashi da dare, kuma ba a soke bautar baki ɗaya ba sai 1936. Mutanen da suka fita daga rinji su ma daji suka sara, suka haƙa rijiya, suka sa wa wurin suna. In ka tambayi jikokinsu asali, wani zai ce maka daga gabas kakanninsu suka zo ya yi shiru. Ban ga laifinsa ba, domin har yau akwai gidajen da ake tono wannan magana ranar neman aure. Amma mutumin da ya fita daga hannun ubangiji da gatari ɗaya ya kafa garin da yau ake kiran salla sau biyar a cikinsa, ni a wurina ya cancanci a ambace shi da girma kamar yadda ake ambaton mayaƙa.

Yadda na san shekarun ƙauyenmu, a bakin Iya na samu, wani dare da kaka muna ɓarar gyaɗa a tsakar gida. Na ce, "Iya, wai wa ya fara zama a nan?" Ta ce, "Maigidana, yau kuma tarihi ake ji? To matso da ƙwaryar nan." Ta fara ƙirga masu unguwa da yatsu, daga wanda ya sari dajin, zuwa ƙanensa, zuwa ɗansa da ya haƙa rijiyar yamma, har ta kai na biyar wanda yake kai a lokacin. Ba ta ambaci shekara ko ɗaya ba. Cewa ta yi uwar mijinta ta gaya mata rijiyar gabas ta riga Ƙaƙalaba da damina bakwai, kuma a yunwar ne aka yi kabarin farko na babban mutum a maƙabartarmu, kafin nan tsohon gari ake kai gawa. Ta ce jirgi ya fara wucewa surukinta yana da 'ya'ya biyu, mata suka watsar da tulu suka gudu da suka ji kukansa. Ta ce kukokin nan biyu an same su a wurin, amma tsamiyar ƙofar masallaci wanda ya sari dajin ne ya dasa.

Daga baya na ɗora maganarta a kan abin da aka rubuta. Yunwar da ake kira Ƙaƙalaba ta 1913 zuwa 1914 ce. In an cire damina bakwai, an faɗa daidai shekarun da hare-hare suka lafa. Layin dogo ya iso Kano a 1911, reshen da ya bi ta Ringim da Gagarawa da Malam Madori da Birniwa ya kai Nguru a 1930. Masu unguwa biyar, in kowane ya yi shekara ashirin ko kusa da haka, lissafin ya zauna. Tsohuwar da ba ta taɓa riƙe alƙalamin boko ba ta ba ni tarihin da ya yi daidai ta fuska uku. Haka ake auna labarin baka: a bar ƙawar da ke farkonsa, irin ta maharbin da ya kashe dodo ko malamin da ya soka sanda ruwa ya ɓulɓulo, a kama jerin sunaye da yunwa da fari da zuwan jirgi, a gwada su da juna. Ita ma ƙawar ba a zubar da ita, domin tana nuna abin da mutanen suke ganin ya ba su haƙƙin zama a wurin. Matsalar ita ce kundin tarihin Kano da muke taƙama da shi na sarakuna ne, daga Bagauda zuwa ƙasa, ƙauye ba ya shiga sai in an ci shi da yaƙi ko sarki ya yada zango a cikinsa.

Takarda ta farko da ta san da irin ƙauyenmu ta haraji ce. Kafin Turawa, yawancin hakimai a birni suke zaune, jakadu suke aikawa ƙauyukansu, kuma ƙasar hakimi ɗaya tana iya zama a warwatse, gari nan gari can. Wajen 1907 zuwa 1908, zamanin Razdan Kagil, aka haɗa garuruwa gunduma-gunduma aka ce kowane hakimi ya fita ya zauna a ƙasarsa. Daga nan aka shiga rubuta masu gida da dabbobi, a gundumomin da ke kusa da birni har malaman taki suka riƙa auna gonaki da ƙafa. Kowace shekara dagaci ya tara masu unguwanninsa, kowa ya kawo sunayen mazajen da suka isa biya. Harajin ya rubuta ƙauyuka, ya kuma haifi wasu, domin wanda dagacinsa ya matsa masa yakan kwashe iyalinsa da dare ya tsallaka ƙasar wani, shi kuma wancan ya karɓe shi hannu biyu tunda yawan talakawa shi ne ƙarfin sarauta. In ka ga ƙauye zaune daidai kan iyakar dagatai biyu, ka bincika, sau da yawa labarin ke nan.

Da gwamnatin Abubakar Rimi ta soke haraji da jangali bayan hawanta a 1979, talakawa sun yi murna, kuma suna da gaskiya. Dattawanmu suna tuna yadda ake shanya mutum a rana a ƙofar dagaci, da yadda ake sayar da akuyar mace don a fanshi mijinta. Ba mai hankalin da zai so a koma can. Sai dai wani abu ya tafi tare da harajin wanda ba a maye gurbinsa ba. Wannan ce kaɗai hanyar da hukuma take bi gida-gida duk shekara tana sanin wa ke ina. Lokacin da take karɓa ta san sunan kowa, da lokacin bayarwa ya zo sai rajistar ta ɓace. Ƙidayar 2006 ta ce Kano ta haura mutum miliyan 9, Jigawa ta haura miliyan 4, amma alƙaluman da aka fitar wa jama'a a kan ƙananan hukumomi suka tsaya, kuma wadda aka shirya yi a 2023 an ɗage ta.

Hanya ma tana tashin gari tana kafa wani. Da gyaɗa ta yi kasuwa daga 1912, duk inda jirgi yake tsayawa ya zama wurin awo da sikeli, 'yan baranda da masu jakuna da raƙuma suka taru, garuruwa irin Malam Madori suka bunƙasa a gindin tasha. Fari na farkon shekarun 1970 da cutar da ta kama gyaɗa a 1975 suka karya wannan ciniki, jirgi ya yi ta ja da baya, sai kwalta ta karɓi jan mutane. Yau za ka ga tsohon gari a ciki da manyan itatuwansa da tsofaffinsa, sabon gari a bakin titi da masu shayi da masu cajin waya. Wani wurin ma an tashi gaba ɗaya, sai kufai: tudun toka, fasassun tukwane, kukoki a jere ba gida ko ɗaya. Manomin da ke huɗa a kufai ya san dawa ta fi kyau a nan, kuma in ka tambaye shi zai gaya maka sunan garin da ya tashi.

Mu ba hanya ce ta taɓa mu ba, kogi ne. An gama madatsar Tiga a 1974, ta Challawa a 1992, kuma ruwan da ke wucewa ta Wudil da Ringim zuwa Haɗejiya daga kogunan biyu da aka datse, na Kano da na Challawa, yake fitowa. Masu noman rani a Kadawa da Kura sun amfana ƙwarai, wannan ba abin musu ba ne. Amma lissafin da kakanninmu suka yi a kan kogin da ke cika da damina ya janye da rani suka yi shi. Da aka riƙa sako ruwa duk shekara, ciyawar kachala ta samu wurin zama, ta toshe hanyoyin ruwa a ƙasar Haɗejiya, ruwa ya riƙa bin inda bai saba bi ba. Wata fadamar ta bushe, wata gonar tudu ta zama tafki. A ambaliyar 2022, wadda ta yi wa ƙasar Ringim da Haɗejiya mummunar ɓarna, ruwa ya cinye mana shinkafa da dawar gangare, ya zo har gindin kukokin nan biyu ya tsaya. Gidajen da ke kan tudun da aka fara sara ba wanda ya faɗi. Waɗanda suka rushe sababbi ne da samari suka gina a gangare saboda tudun ya cika. Na tsaya a wurin na ga iyakar ruwan a jikin kuka, na san mutumin nan da ya zaɓi wurin ya san abin da yake yi.

A irin wannan rana ne rashin suna a takarda yake ciwo. Kayan agaji mazaɓa-mazaɓa ake rabawa, su sauka a garin da kansila yake, mutanen gefe su ji labari bayan kwana uku. Rijiyar burtsatse, aji biyu na firamare, ɗakin shan magani, duk sai an rubuta sunan wuri kafin a ware kuɗi, kuma wurin da ba shi da akwatin zaɓe nasa ba ya cikin lissafin ɗan siyasa. Hukumar zaɓe ta ƙara rumfuna a 2021 suka kai 176,846 a faɗin ƙasa, karo na farko tun 1996, amma mu har yanzu garin dagaci muke zuwa, tsofaffi da masu ciki da yawa ba sa iya tafiyar. Maganar ƙasa ta fi wannan nauyi. Dokar mallakar ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar jiha a hannun gwamna, ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da shaidar mallaka ta gargajiya a karkara, kuma in hukuma ta karɓi gona don wani aiki, diyyar amfanin gona da gini da itatuwa ake biya, ba ta ƙasar kanta ba. Manomin da hujjarsa ita ce kakansa ya sari wurin, shaidunsa kuma mai unguwa da jerin aduwa da aka dasa a kan iyaka, yana tsaye ne a kan abin da ke cikin kawunan tsofaffi uku ko huɗu. Duk wanda ya rasu a cikinsu, wani yanki na hujjar ya bi shi kabari.

Abin da nake gani ya kamata ba mai tsada ba ne. Kowace ƙaramar hukuma ta buɗe rajistar ƙauyuka da unguwanni da rugage, da sunan da mutanen wurin suke kiran kansu, da dagacin da suke bi, da yawan gidaje, a riƙa sabunta ta tare da masu unguwanni kamar yadda ake yi zamanin haraji, ba tare da karɓar ko kwabo ba. Hukuncin Kotun Ƙoli na Yulin 2024 da ya ce a riƙa ba ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye ba zai kai ga mutanen gefe ba in shugaban ƙaramar hukuma bai san adadin wuraren da ke ƙarƙashinsa ba. Ɗaliban tarihi na jami'o'in Bayero da Dutse da Kafin Hausa kuma, maimakon kowa ya sake rubuta tarihin masarautar da aka riga aka rubuta sau goma, a tura su ƙauyukan iyayensu da waya mai ɗaukar murya, su zauna da tsofaffin mata musamman, domin su ne suke riƙe da wa ya auri wa, daga wane gari aka kawo ta, a wace yunwa aka haifi wane.

An taɓa yin abin da ya yi kama da haka, kuma ta hanyar da ba wanda ya zata. A yaƙin da aka yi da cutar shan inna, wanda ya kai ga tabbatar da kawar da ƙwayarta ta asali daga Najeriya a Agustan 2020, ma'aikata sun gano cewa taswirar hannu da suke bi tana tsallake ƙananan ƙauyuka da rugage, yara suna kuɓucewa. Sai aka koma hotunan tauraron ɗan'adam, aka ga rufin ɗakuna a inda takarda ta ce daji ne, aka tura mutane su je su tambayi sunan wurin.

Ina gida ranar da suka zo mana. Wata yarinya ce da hijabi da akwatin allura a kafaɗa, da wani saurayi riƙe da waya. Suka durƙusa suka gaida mai unguwa a gindin tsamiya. Saurayin ya ce, "Baba, a wajenmu nan an rubuta shi a cikin garin dagaci ne." Mai unguwa ya ce, "Dagaci ubanmu ne, muna bin sa. Amma nan ba can ba ne, ɗana. Tsakaninmu da su akwai fadama da burtali, kuma kakana ne ya sari nan." Ya faɗi sunan, saurayin ya danna a waya, ya juyo masa da ita. Mai unguwa ba ya karatun boko, sai ya sa aka kira jikansa ɗan aji huɗu, wanda yake takawa garin dagaci makaranta kullum. Yaron ya karɓi wayar da hannu biyu, ya karanta a hankali, ya ɗago ya ce an yi kuskure, ka ɗin da aka sa ba ita ba ce, mai lanƙwasa ce. Saurayin ya nemi harafin a wayarsa ya gyara, mai unguwa ya sa yaron ya sake karantawa da ƙarfi, sannan ya ce a fito da yara.